Hawayen Nabawiyya a Majigi

"Yi kuka, 'yar banza! Kuka na ce!"

Kawu Shahata ya murɗe wa Nabawiyya kunne a bayan labule, ya tunkuɗa ta gaban na'urar ɗaukar hoto. Tun jiya rabonta da abinci, kuma da gangan yake hana ta, don masu shirya majigi a Iskandariya sun ce ramammiyar marainiya suke so, wadda za ta sa matan attajirai hawaye. Ita kuwa marainiyar ce ta gaske, tun da zazzaɓi ya kwashe iyayenta ta faɗa hannun wannan azzalumi, ƙanin uwarta. Majigin zamanin ba ya magana, duk ihun da take yi, "Wayyo Umma! Allah ka isar mini!" baki kawai za a gani yana motsi... Ranar da hawayen suka ƙafe, wutar sigari ya ɗosana mata a gadon baya. Da ta gutsiri burodin da aka ajiye don wasan, ya kira ta ɓarauniya, ya zane ta da igiya. Kai, wannan mutum bai san Allah ba!

Ranar nuna majigin ya ɗora sabuwar jar dara, ya hakimce a sahun gaba ana ta yaba masa riƙon marainiya. Ita ko tana waje ba takalmi, mai gadi na korar ta. "Matsa can, ƙazama! Nan ba wurin bara ba ne!"

Nan Sitt Fardos, wato Uwargida Fardos, wadda ta fito a uwarta cikin wasan, ta tarar da ita. Tana rungumar ta yarinyar ta ƙwalla ƙara. Ta ɗaga rigar... sai ga ƙunar sigari da shatin igiya. Ta ja ta ciki har gaban 'yan kallo.

"A tsayar da abin nan! Kuna yi wa bango kuka, ga mai kukan nan! Ku dubi bayanta!"

Shahata ya miƙe. "Haba Sitt, ai fentin wasa ne!"

Wata tsohuwa ta goga hankicinta a wurin, ya fito da jini. Sai ruwan takalma a kansa, mata na tsine masa, da ƙyar 'yan sanda suka fizge shi, daga nan sai kurkuku.

A gidanta Fardos ta dire wa yarinyar kwanon wake da burodi mai zafi. Nabawiyya ta dube shi, ta dube ta.

"Duka nawa ne?"

"Duka naki ne, 'yata. Gobe ma akwai."