Fuskata Sau Ashirin

"Wane irin saurayi ne zai goge fuskar yarinyar da yake so?!"

Baba ne ya daka tsawa, kaset a hannunsa. Treasure, da muke waƙa tare a coci, tana raɓe a bakin ƙofa kamar ba ita ta kawo gulmar ba. Ita ma saurayina Yona take so, duk unguwarmu ta Ketaren Gwari an sani.

"Asiri ne, Baba," ta ce.

Baba ya juyo gare ni. "Lilian, gaya masa kada danginsa su zo tambayar aure ran Asabar!"



Yona mai ɗaukar bidiyon biki ne, amma kansa cike da ƙwaƙule-ƙwaƙule. Ya ɗauke ni minti ɗaya ina dariya a tashar jirgin ƙasa, ya kwafa daga kaset zuwa kaset har sau ashirin, ya jera su a kaset ɗaya. Kowane kwafi sai fuskata ta ƙara dusashewa. Ni kaina na sha tambayarsa dalili, sai ya ce, "Ki dai kalla, masoyiya."

Da ƙyar na roƙi Baba ya kalla shi ma. Yona ya zo ya durƙusa, ya sa kaset.

Ga ni tangaran. Can sai launin rigata ya gudu. Sai hancina ya narke. Na saci kallon Baba, ina son sanin me yake gani.

A kwafi na goma sha huɗu Baba ya ɗaga hannu.

"Tsaya nan!"

Ya matsa kusa da talabijin.

"Alice..."

Sunan mamata ke nan. Shekara goma sha biyu da rasuwarta, ko hotonta ba mu da shi.

"Haka take zuwar mini yanzu," ya ce. "Dariyar tana nan, idanun ne na rasa. Ban taɓa gaya wa kowa ba, kunya nake ji."

Hawaye suka zubo mini. Treasure ta sulale.

"Yaro, me ya sa ka yi wannan?"

"Tsoro, Baba. Kan mutum ma haka yake yi, fuska na dusashewa a cikinsa. Shi ya sa nake so in riƙa ganinta kullum."

Baba ya daɗe yana kallon fuskar.

"Ku zo da wuri ran Asabar," ya ce. "Amma kaset ɗin nawa ne."