Yadda Dutsen Tukunya Ya Samu Sunansa

A can wani zamani mai nisa, akwai wani dogon dutse, kansa kullum cikin gajimare. Mutanen gabas na ce masa Farin Kai, na yamma na ce masa Mai Inuwa, kullum sai gardama. Da dagaci ya gaji, sai ya ce duk wanda ya fara taka ƙololuwar dutsen, sunansa za a sa masa.

Wani mai ɗiban zuma ya kama hanya. Ya hau, ya huta, ya hau, ya huta, har kwana uku. Da ya isa sama zai yi kirari, sai ya ga murhu, da wata tsohuwar tukunya a kife. Ya duba gabas, ya duba yamma, ba kowa. In ya tura ta rami, wa zai sani?

Ya daɗe tsaye, sannan ya ɗauke ta ya sauko.

Jama'a suka tarye shi da kiɗa. Ya ce wa dagaci, "Ranka ya daɗe, an riga ni. Ga shaida."

Sai wata tsohuwa mai magani ta kutso tana tafi. "Tukunyata! Shekara talatin ina nemanta, ɗan nan! Ashe can na bar ta da na je haƙar saiwa."

Aka fashe da dariya. Dagaci ya tambayi sunanta, ta ce, "Ku ƙyale nawa, ku sa na tukunyar."

Haka aka yi. Ran nan a cikinta ta dafa wa mai zuma wake, ya ci har ya nemi ƙari.