Furannin da Aka Kai Kafin a Ɗaga Labule

A wani ɗakin shirin talabijin da ke Manhattan suka fara haɗuwa, a shekarar 1953, kuma da faɗa aka fara.

Verna Halloran ta shekara shida tana wasan kwaikwayo a kan dandamali, ta saba ɗaga murya har na kujerar ƙarshe ya ji. Ranar gwajinta na farko ta tsallake layin allin da aka zana mata a ƙasa, ta buɗe hannuwa, ta kwarara magana.

Mai kyamara ya leƙo, ido ɗaya a rufe. "Baiwar Allah, kyamarar nan ba kurma ba ce. Kuma kin bar ni ina ɗaukar bango."

"Kai kuma wa ya kasa da kai, Ido-Ɗaya?"

"Casimir sunana. Ki taka allin, ki yi magana kamar da mutum ɗaya kike yi. Ni ne mutumin."

Ta harare shi, amma ta taka.

Bayan mako biyu ta tsinci takarda a aljihun kwat ɗinta:

"'Yar Alli, yau kin tsaya a layinki sau tara cikin goma. Na goman na yafe, don da kika kauce hasken ya sauka a kuncinki. Akwai kofi da kek ɗin tuffa a kwanar titi. Ido-Ɗaya."

Ta je don ta gaya masa ba za ta zo ba. Sai da suka sha kofi uku.

Matsalar ita ce mahaifinta. Desmond Halloran ya shekara arba'in yana jan igiyar labule, talabijin kuwa a wurinsa akwatin tallar sabulu ne. Shi Royce Whitcombe yake so mata, jarumin dandamali mai murya kamar ganga. Kuma tsohon ya riƙe dokokin gidan wasa kamar addini: ba a yin fito a bayan labule, ba a kai wa ɗan wasa furanni sai an gama.

Ni na koya wa Verna sarrafa murya, don haka na san gidan. Dokar fito tana da dalili, da fito masu igiya suke ba juna alama, kana yi sai buhun yashin da ke rataye a igiya ya sauko maka a ka. Ta furanni kuwa na yi shekara hamsin ina tambaya, ba wanda ya ba ni dalili.

Da kaka Verna ta samu babban matsayi a wani sabon wasan dandamali. Ranar buɗewa, da tsakar rana, aka shigo ɗakin shirinta da fararen furanni cike da hannu. Casimir ne ya aiko.

Desmond ya ga furannin, ya zauna a kan akwati.

Bayan kwana huɗu aka rufe wasan.

"Na gaya miki," in ji Desmond. "Wanda bai san dokar gida ba, ba ya auren 'yar gida."

Royce ya ƙara gishiri. "Ya sani sarai, Verna. So yake ki faɗi, ki koma gaban kyamararsa."

Ta yarda, don mai neman wanda zai ɗora wa laifi ba ya tsayawa bincike. Saƙon tangaraho ya zo washegari:

"BAN SANI BA. A GIDANMU KAFIN AIKI AKE ƘARFAFA WA MUTUM ZUCIYA. KI YAFE. IDO-ƊAYA."

Mako uku ba ta ba shi amsa ba. Da ta zo darasi idanu a kumbure, na ajiye littafi.

"Yarinya, na karanta wasan nan. Kashi na biyunsa ya mutu tun kafin a shuka furannin."

"Amma Baba ya ce…"

"Babanki ya iya igiya. Ba shi ya rubuta dokar duniya ba."

Ba da daɗewa ba aka ba ta wasan awa guda a talabijin, kai tsaye, ita da Royce. Ta aika nata saƙon:

"IDO-ƊAYA. ALHAMIS ƘARFE HUƊU. KA AIKO DA FURANNI KAFIN A FARA. IRIN NA DA. 'YAR ALLI."

Sannan ta zauna gaban mahaifinta. "Baba, in wasan ya lalace, na haƙura da shi. In ya yi kyau, ka sa mana albarka."

Na ce mata wannan ma camfi ne, sai dai an juya masa riga. Ba ta saurare ni ba.

Alhamis furanni suka zo. Aka kunna jar fitilar kyamara, alamar an fara, ƙasa duka tana kallo. Verna mace ce da aka zo gaya wa mijinta ba zai dawo daga yaƙi ba, Royce ne mai kawo labarin. Ya shigo, ya cire hula, ya buɗe baki.

Maganar ta ɓace masa.

A dandamali akwai mai raɗa maka daga gefe. A nan kuwa ko numfashi aka yi sai an ji shi har California. Ba tare da umarnin kowa ba Casimir ya tura kyamara a hankali, har fuskar Verna ta cika allo.

Ba ta buɗe hannuwa ba. Ba ta bar allinta ba. Ta dubi idon kyamarar kamar mutum ɗaya take kallo, ta ce a hankali, "Ba sai ka faɗa ba. Na gani a hularka."

Desmond a shagon aski ya kalla, rabin gemu cikin kumfa. Mai askin ya ce tsohon ya goge ido da tawul, ya ce sabulu ne.

Wasiƙu suka zo buhu-buhu. Daga wannan rana Verna ta riƙe shirinta na kanta shekara goma sha ɗaya.

Ranar Lahadi Casimir ya zo cin abinci. Desmond ya dube shi sama da ƙasa.

"Wa ya ce ka matso da kyamarar?"

"Ba kowa, Mista Halloran."

"A wurinmu da an kore ka."

"A wurinmu ma saura kaɗan."

Tsohon ya tura masa kwanon dankali. "Ci. Kuma ka daina ce min Mista, ba ni na ɗauke ka aiki ba."

Aka ɗaura auren a wani ƙaramin coci kusa da gidajen wasa. Da safe, amarya tana gaban madubi, aka ƙwanƙwasa ƙofa. Desmond ne, da fararen furanni cike da hannu.

"Baba, ai ba a fara ba tukuna."

"Karɓi kafin in sake shawara. Allah ya zaunar da ku lafiya, ya haskaka muku gaba." Ya juya, ya tsaya a bakin ƙofa. "Amma duk wanda ya yi fito a cocin nan, da kaina zan fitar da shi."

Suka yi shekara arba'in da ɗaya tare. Kowane wasa, furanni kafin a fara.