Ƙofar Da Mai Walda Ya Ƙera

Ana kiran sallar magariba dutsen farko ya faɗo kan kwanon ɗaki. Mai walda ya saki buta, ya rarumi guntun rodin da yake ajiyewa bayan ƙofa. Tsakar gida ba kowa, sai igiyar shanya tana lilo.

Tun ranar da 'yan fashi suka ɓalle ƙofarsu, suka kwantar da shi rubda ciki, suka mari matarsa a gabansa, bawan Allahn nan bai ƙara samun sukuni ba. Abin da ya iya shi ya yi. Ya ƙera ƙofar ƙarfe, ya liƙe tagogi, ko ramin kwata bai bari ba. In zai fita aiki sai ya garƙame matar a ciki da kwaɗo ta waje. Maganar ranar kuwa ba wanda ya sake tayar da ita.

Jifa ya zama na kullum. Matar ta daina magana. Ran nan ya same ta tana yakushin ƙofar har farcenta na jini, tana gurnani da muryar da ba tata ba. Ko a gaban bindiga bai ji tsoro irin wannan ba.

Ya ɗauko wani malami dattijo. Malam ya yi ta karatu a kanta har jikinta ya sandare.

"Wane ne kai?"

"Baƙo ne," in ji wata murya mai kauri daga bakinta. "Ta ƙofar da suka ɓalle na shigo. Na same ta tana makyarkyata, na zauna."

"To, fita."

"Ta ina? Ya toshe ko'ina. Ni da ita duk a kulle muke. Ya buɗe, ya ba ta makulli, in tafi."

Mai walda ya ce, "Malam, in suka dawo fa?"

"Suna iya dawowa," in ji Malam. "Ita ce in ka bari ta yi nisa ba za ta dawo ba."

Da rodi a hannu, mai walda ya zare sakata, ya wangale ƙofar. Duhu ya fara sauka, ga takun mutane a layi. Ya danƙa mata makullin.

Ta yi atishawa mai ƙarfi, ta sulale. Can ta buɗe ido, ta dube shi, ta yi magana da muryarta ta da.

"Maigida, ajiye rodin nan. Zo ka zauna."

Ya zauna kusa da ita, ƙofar a buɗe a bayansa, ya fashe da kukan da yake riƙewa tun ranar.