Layi na Huɗu a Takardar Ilinca

Ranar ɗaya ga Maris ce, ranar da duk namijin da ke Cluj yake yawo da zaren ja da fari a aljihu don ya maƙala wa matan gidansu a ƙirji. Horia Pintea ya fito cin abincin rana, ya tsaya gaban teburin wata tsohuwa a bakin kasuwa yana zaɓar wa mahaifiyarsa. Minti goma yana juya guda biyu a hannu. Mu mutanen nan an san mu da nawa, amma nawar Horia har mu ma tana ba mu haushi.

"Ɗauki na hagun," wata murya ta ce daga bayansa. "Na daman zai warware kafin ka kai gida."

Ya waiwaya. Doguwa ce, sanye da kwat mai ruwan toka, idanunta kamar na mai duba takardar jarrabawa.

"Ke ma saye za ki yi?"

"Ni jira nake ka matsa."

Ya sayi duka biyun, ya miƙa mata na daman. "Ga ladan shawara. In ya warware sai ki neme ni ki yi min faɗa."

Ta so ta ɗaure fuska, dariya ta ƙwace mata. Sunanta Ilinca Barsan. Kafin su rabu sun sha kofi, ya kuma karɓi lambarta.

Da yamma ta turo saƙo: "Ya warware. Ina zan kawo ƙara?"

Ya amsa: "Bakin kogi, Asabar, ƙarfe huɗu. Mai laifin zai zo da kansa."

A bakin kogin ta ba shi labarinta. Tana da shekara ashirin da uku ta bar garin nan. Ta yi aiki a kamfanin waya a Munich, ta koma wani banki a Dublin, daga nan Rotterdam, sai Zurich, sai Amsterdam, inda ta zama shugabar duk injiniyoyin kamfanin, mutum ɗari takwas a ƙarƙashinta. Yanzu ta ajiye aikin. Amma irinsu ba a sakinsu haka nan. Sai an zaunar da mutum a gida wata shida ana biyansa albashi, har sirrin da ke kansa ya tsufa, kuma ya sa hannu cewa ba zai faɗa wa kowa inda zai koma ba.

"Ko ni?" in ji Horia.

"Ko uwar da ta haife ni."

"To, Mai Hutu, na ji."

Sunan ya bi ta ke nan. Ita kuma ta sa masa Injiniya, don ya ce mata manhajar biyan kuɗi yake rubutawa. Rabin samarin Cluj aikinsu ke nan, ba ta ma tambayi wane kamfani ba.

Sai a haɗuwarsu ta uku ya ambata. Suna cin gasasshen nama da wake a wani ƙaramin gidan abinci, ya ce, "Shekarata goma sha ɗaya a Velnora, kujerata ma ta san ni."

Cokalin ya tsaya a hannunta. Fuskarta ta canza.

"Lafiya?"

"Lafiya lau. Horia, ina roƙonka abu ɗaya. Kada ka ƙara yi min maganar wurin aikinka."

"Don me?"

"Don na roƙe ka."

Ya ce to, amma abin ya tsaya masa a rai. Kuma mutumin da ya shekara goma sha ɗaya a wuri guda, da me zai yi hira? Bakinsa ya riƙa suɓucewa. Yau ya ce tsohuwar manhajarsu da addu'a kawai take tafiya, gobe ya ce shugaban sashensu barci yake yi a taro. Kullum sai ta ɗaga hannu ta ce, "Injiniya, ya isa." Wayarta kuma a kife take a tebur. In ta yi ƙara, sai ta tashi ta yi nisa, ta dawo ba bayani.

Duk da haka soyayya ta kama su sosai. Da safe saƙonsa ne ke tashinta: "Mai Hutu, mu talakawa mun fita nema. Ki ci abinci, ki tuna da ni." Ita kuma: "Na tuna da kai tun kafin in tuna da abinci. Kada ka yi girman kai." A watan Mayu, bayan dogon nazari irin nasa, ya ce mata yana sonta. Ta ce, "Sannu da zuwa."

A ofis akwai Dorina, wadda teburinta ke kallon nasa shekara shida, kuma 'yar ƙawar mahaifiyarsa ce ta coci. Kowa ya san inda zuciyarta take, ban da Horia. Ita ta binciko tarihin aikin Ilinca a intanet, ta buga a takarda, ta kai gidan su Horia da hannunta.

Don haka ranar Lahadin da Horia ya kai Ilinca cin abincin rana, takardar na ajiye kusa da farantin mahaifinsa, Baba Gavril. Tsohon ya yi shekara talatin da tara a wurin gyaran jiragen ƙasa, bai taɓa canza ko ƙofar da yake shiga ba. Mahaifiyarsa, Mama Veturia, ta zuba miya, ta kawo naɗin kabeji mai nama a ciki, tana ta satar kallon baƙuwar.

"Yarinya," in ji Baba Gavril, "na ƙirga. Kamfani biyar a shekara goma sha biyu."

"Haka ne, Baba."

"An ce a Dublin mutum ɗari biyu kika sallama."

"Ɗari da tamanin. Ban ji daɗinsa ba, amma ni na sa hannu."

"Yanzu ina za ki?"

"Ba ni da izinin faɗa."

Ya ajiye cokali. Bayan ta tafi ya dubi ɗansa. "Kai, buɗe kunnenka. Macen da ta saba haɗa akwati ba ta daina haɗawa. Ba ta faɗi inda za ta ba, ba ta son jin inda kake. Ban yarda da ita ba, kuma ba da yawuna ba."

"Ga Dorina," in ji Mama a hankali, "mun san gidansu, mun san kakarta."

Horia ya fita ransa a ɓace. Ya yi fushi da su, amma abin da ya fi ci masa rai shi ne shi ma tambayoyin nan suna damunsa.

A lokacin kuma raɗe-raɗi ya cika Velnora cewa za a kawo sabon shugaban fasaha daga waje, za a rage ma'aikata. Dorina ta same shi wajen injin kofi.

"Ni ba ruwana," ta ce, "amma ka san yadda manyan nan suke yi? Kafin su shiga wuri sai sun samu wani na ciki mai sakin baki. Ba sa ma tambaya. Shiru suke yi, mutum ya yi ta zuba."

"Ilinca hana ni take yi."

"Ka daina?"

Ya ɗauki kofinsa ya koma teburinsa. Daga ranar ya shiga lura da komai. In ta yi murmushi, ya ce na mene ne. In ta yi shiru, ya ce me take haddacewa. Ya tura mata: "Ki gaya min gaskiya, me kike nema a wurina?" Ta amsa: "Kai. Saura kwana goma sha tara, Injiniya. Ka yi min haƙuri." Ya karanta ya fi sau ashirin, bai samu natsuwa ba.

Ranar ɗaya ga Agusta, ƙarfe tara na safe, saƙo ya shigo wa duk ma'aikatan Velnora. Ga hotonta, ga sunanta: Ilinca Barsan, sabuwar shugabar fasaha. A daidai lokacin wayarsa ta yi ƙara, ita ce. Bai ɗauka ba. Dorina ta dube shi ta girgiza kai.

Kunya ta rufe shi, sai baƙin ciki ya biyo baya. Ya tuna duk abin da ya faɗa, har sunan mai barci a taro. Ya rubuta mata: "Barka da kama aiki, ranki ya daɗe. Ina fata rahoton da na ba ki ya wadatar."

Ta amsa: "Ban taɓa yi maka ƙarya ba. Ka ba ni minti biyar."

Ya kashe wayar. Kwana uku yana shiga ta ƙofar baya don kada su haɗu.

A rana ta huɗu Madam Ildiko, shugabar sashen ma'aikata, ta aiko kiransa. Ya san ma'anar irin wannan kira. Ya kwashe hoton iyayensa daga tebur ya sa a jaka, sannan ya tafi.

"Zauna, Injiniya Pintea," ta ce, tana duba shi ta saman tabarau. "Me ya sa ka yi zuru-zuru? Hannu kawai za ka sa."

"Takardar sallama ce?"

"Wace sallama? Takardar bayyana alaƙa ce. Duk shugaban da ke da wata hulɗa da ma'aikaci dole ya rubuta. Ilinca ta cike nata rabin tuntuni, naka ya rage. Wata huɗu da rabi tana cikin durowata a kulle, har ta ishe ni."

Ta tura masa. Ya fara duba kwanan watan: sha shida ga Maris. Washegarin ranar gasasshen nama ke nan.

Layi na ɗaya sunanta, na biyu sunansa, na uku sashensa. Layi na huɗu ya ce a bayyana irin alaƙar, aka jera ɗan'uwa, aboki, miji ko mata. Ba ta zaɓi ko ɗaya ba. Da hannunta ta rubuta a gefe: "Sau uku muka haɗu. Bai sani ba tukuna, amma shi zan aura."

A ƙasa kuma ta nemi a cire sashen biyan kuɗi gaba ɗaya daga ƙarƙashinta, kada ta ga sunayen mutanensa, kada a tambaye ta komai a kansu.

"Sashenku shi ne kashi ɗaya cikin uku na muƙamin," in ji Madam Ildiko. "Masu kamfani sun yi mako uku suna gardama ko su janye tayin. Ta ce in sun ga dama su janye. Ga biro. Ko sai ka yi nazari?"

Horia bai ji ƙarshen maganar ba. Mutanen da ke aiki a ginin nan har yau suna ba da labarin ranar da aka ga Horia Pintea yana gudu. Bai jira lif ba, da ƙafa ya hau bene bakwai.

Ilinca ta fito daga taro ta same shi a bakin ƙofa yana haki, takardar a hannunsa. Idanunta sun faɗa, da gani ba ta samu barcin kirki ba a kwanakin nan.

"Sha shida ga Maris," ya ce. "Ko hannunki ban taɓa riƙewa ba."

"Takardar ta ce a rubuta gaskiya."

"In da ban taɓa cewa ina sonki ba fa?"

"Da na jira. Ai na san mutanenmu." Muryarta ta karye. "Ka zaci leƙen asiri na zo yi, Horia. Wannan ya yi min ciwo."

"Na zalunce ki. Ki yafe min, Mai Hutu."

"Hutun ya ƙare."

"To, Ilinca. Abin da kika rubuta a nan, har yanzu yana nan?"

Ta share ido da bayan hannu. "Ban saba janye sa hannuna ba."

Ranar Lahadi suka koma gidan iyayensa. Baba Gavril ya sa tabarau, ya karanta takardar tun daga sama har ƙasa, ya sake karantawa. Mama Veturia tana leƙe ta kafaɗarsa, tana isa layi na huɗu ta kama baki.

"Na ga ba munafuka ba ce," in ji tsohon. "Amma tambayata tana nan. Me ya sa kike barin wuri?"

Ilinca ta dube shi.

"Baba, duk inda na je, gyara aka kira ni in yi. In na gama, sai a yi min walima, a ba ni fure, a raka ni ƙofa. Wasu sun ƙara min albashi don in tsaya in gyara wani abin. Amma a shekara goma sha biyu, ba wanda ya taɓa cewa in zauna don ni kaina."

Baba Gavril ya cire tabarau, ya daɗe yana goge shi da gefen riga, alhali ba abin da ya same shi. Sai ya miƙe, ya jawo kujerar da ke kusa da tasa.

"To, ni na ce. Zauna, 'yata."

Ta zauna, ta kifa kai a kafaɗarsa, ta yi kuka kamar ƙaramar yarinya.

A watan Oktoba aka ɗaura auren a cocin unguwarsu. Limamin cocin ya ɗora musu kambi, ya zaga da su cikin cocin sau uku. Dorina ta aiko da fure, ba ta zo ba, kuma ba wanda ya ga laifinta. Baba Gavril ya ɗaga kofi zai yi jawabi, magana ta maƙale masa, sai Mama Veturia ta karɓe.

"Allah ya ba ku gida na dutse, wanda ba ya rushewa," ta ce. "Ya ba ku 'ya'ya masu albarka, ya sa ku tsufa a ɗaki ɗaya."

Duk muka ce amin, kuma muryar amarya ce ta fi ta kowa ƙarfi.