Taƙi Ɗaya Kafin Layi

Wa ya fi haƙƙi a kan mutum, mamacin da ya bar masa gaskiya a rubuce, ko mai ran da gaskiyar za ta kunyata? Na daɗe ina juya tambayar nan, ban samo mata amsa ba. Odessa Whitlock ma ba ta da amsar a safiyar Litinin ɗin da mahaifinta ya wurgo mata jarida a kan teburin karin kumallo.

"Karanta!"

"Baba, lafiya...?"

"Na ce ki karanta, da ƙarfi, uwarki ma ta ji!"

Jaridar Marlbrook ce, ta 'yan tsallaken kogi, wadda ba ta taɓa shigowa gidan nan ba. An rubuta da manyan baƙaƙe: AMOS WHITLOCK YA AMSA LAIFINSA, BA SU CI WASAN 1934 BA. A ƙasa ga hoton wasiƙa da rubutun hannu.

Odessa ta ajiye jaridar.

Ta san wasiƙar. Ita ta tsince ta wata biyu da suka wuce, cikin akwatin takardun danginsu da ke ɗakin adana tarihi na Kwalejin Tolliver, inda take aiki.

Shekara ɗari da sha tara Tolliver da Marlbrook suna karawa a ƙwallon Amurka, wadda ake runguma a ruga da ita, kowace Asabar ta ƙarshen Nuwamba. A lissafin Tolliver, sun ci hamsin da takwas, Marlbrook hamsin da bakwai, canjaras huɗu. A lissafin Marlbrook kuwa, hamsin da bakwai ne kowa, canjaras biyar. Wasa ɗaya tak ya raba lissafin biyu. A 1934 ana kunnen doki, dusar ƙanƙara ta binne layukan fili, Amos Whitlock ya rungumi ƙwallo ya faɗi a bakin layin ci, alƙalin wasa ya ɗaga hannu alamar ya ci. Tun daga ranar 'yan tsallake suke cewa bai kai ba.

Kowace kwaleji da littafinta, amma abin da mutane ke rantsuwa da shi shi ne tsohuwar uwar maƙera, wadda mai nasara ke tafiya da ita gida. Ana tashi daga wasa, maƙerin gidan Whitlock zai buga shekarar a gefen waɗanda suka ci. Shi ke riƙe guduma, jininsa ke riƙe masa ƙarfen bugawa. Amos ya buga, ɗansa ya buga, yanzu jikan Amos, Orrin, ke bugawa, 'yarsa Odessa na riƙe masa tun tana 'yar shekara sha biyu.

"Wa kika faɗa wa?" Orrin ya tambaya, muryarsa ƙasa-ƙasa.

Ta kawar da kai.

"Odessa!"

"Emmett kaɗai, Baba. Kuma ya rantse mini..."

Ya yi wata dariya mai ciwo.

"Ya rantse miki! Mataimakin kocin Marlbrook ya rantse miki, saura kwana biyar wasa! Tun ranar da kika kawo shi gidan nan na ce miki hannuna ba zai taɓa nasa ba. Kika ce na tsufa da riƙo."

"Orrin, ka bi ta a hankali," in ji mahaifiyarta, Nola.

"Ranar Alhamis kwamitin tsofaffin ɗalibai zai zauna. Za ki je ki ce musu wasiƙar ta jabu ce. Zoben baikon nan kuma ki mayar masa."

Odessa ta miƙe.

"Zobe zan mayar, tunda ya ci amanata. Amma ba zan ce ta jabu ba ce. Rubutun Kaka Amos ne, na san shi kamar yadda na san naka."

"To ki nemi wanda zai raka ki gaban coci ranar aurenki, ko da wa za ki yi shi. 1934 kuwa tana jikin ƙarfe, sai dai a sare hannuna kafin in taɓa ta!"

A kan gadar da ta haɗa garuruwan biyu ta tare Emmett Sorrell da tsakar rana. Ya fito daga mota da sauri, usur ɗin horo na lilo a wuyansa.

"Dessa, tun safe nake kiranki..."

Zoben ya bugi ƙirjinsa ya faɗi kan kwalta.

"Nawa suka ba ka? Ko kujerar babban koci aka yi maka alkawari?"

"Haba masoyiyata..."

"Kar ka ƙara kira na haka! Mutum ɗaya na faɗa wa a duniya. Ɗaya!"

Ya durƙusa ya ɗauki zoben, ya goge shi da gefen rigarsa. Bai ɗaga murya ba.

"Kin san tun asuba mutanenmu ke murna? Mahaifiyata har waina ta toya. Ta ce yanzu sai in rabu da 'yar gidan ɓarayin wasa. Na bar mata abincinta a tebur na fito."

"Wannan ba amsa ba ce."

"To ga amsa. Kin taɓa nuna mini wasiƙar?"

Ta girgiza kai.

"Da baki kika ba ni labari, a mota, kina kuka. Ban taɓa ganinta da idona ba, ban taɓa taka ɗakin da take ba. Amma hoto ne a jarida, Dessa. Wa ya ɗauka?"

Iska mai sanyi ta taso daga kogi. Sai Odessa ta tuna. Mabuɗin ɗakin nan biyu ne: ɗaya a jakarta, ɗaya a hannun abokiyar aikinta Rayanne Tull. Rayanne, wadda ta yi soyayya da Emmett tun suna sakandare, wadda ta rungume ta ranar baiko har da hawaye.

"Emmett... ni..."

"Ba komai."

"Da komai! Ba ni zobena."

Ya jinjina shi a tafinsa, ya sa a aljihu.

"Zai jira ki. Amma ki je ki faɗa wa kwamitin nan abin da suke so. Ki ce jabu ce. Ni wasan da aka yi kafin a haifi mahaifina bai dame ni ba, ke ce damuwata. Kada ki rasa Baba saboda taƙi ɗaya na ƙasa."

Ta zuba masa ido.

"Kai ma?"

"Zuciyata, so nake a yi auren nan da albarkarsa."

"In na yi ƙarya don in aure ka, kullum na dube ka ƙaryar zan gani. Ba zan yi ba, ko don kai!"

Rayanne ba ta ma wahalar da kanta da musu ba. Tana gyara farce a bayan teburinta ta ce, "Ke da kike ta wa'azin gaskiya, ai taimaka miki na yi, ƙawata."

"Ba don gaskiya kika yi ba."

"To? Ƙarya na buga?"

Wannan tambayar ce ta bi Odessa har gida. Muguwar niyya ce ta fito da maganar, amma maganar ba ta canza ba ko da harafi ɗaya.

Ranar Alhamis ta tsaya gaban dattawa tara masu jajayen riguna irin na Tolliver. Shugabansu ya yi mata murmushi.

"'Yata, kalma ɗaya muke so. Ki ce ba ki da tabbas."

"Ina da tabbas, ranka ya daɗe."

Ta karanta musu da kanta. "Da na faɗi, hannuna ya taɓa farar ƙasar layi a ƙarƙashin dusa, ƙwallo tana baya da taƙi guda. Na tura ta gaba kafin alƙali ya iso. Da hannuna na buga shekarar a ƙarfe. Ba ni da zuciyar gyarawa. Wanda ya fi ni zuciya a jinina, ya gyara."

"Kin san aikinki a hannunmu yake?"

"Na sani. Mabuɗin yana nan in kuna so."

Ta ajiye shi a tebur ta fita.

Da yamma ta tarar da Nola a kicin tana kwaɓa burodin masara na ranar wasa. Ba ta ɗago ba ta ce, "Ya sani, Dessa."

"Wa?"

"Babanki. Mahaifinsa ya nuna masa wasiƙar a gadon asibiti, shekara ashirin da shida ke nan. Sau uku ina ganinsa ya ɗauki kurfi na sare ƙarfe ya nufi uwar maƙerar, ya dawo. Da aka nemi takardun dangi a kwaleji, na ce ya cire ta. Ya tsaya a kan akwatin ya fi rabin awa, sannan ya rufe da ita a ciki."

"To me ya sa yake mini haka, Mama?"

"Saboda kin yi a kwana huɗu abin da ya kasa a shekara ashirin da shida. Ba kowane uba ke iya haɗiye wannan ba."

Asabar ta zo da rana mai haske da sanyi mai ratsa ƙashi. Tun safe hayaƙin gashin haƙarƙari ya rufe wajen ajiye motoci. Odessa ta ratsa ta cikin mutanen da suka san ta tun tana cikin zanen goyo, ba wanda ya miƙo mata faranti.

"Ga amaryar tsallake nan!" wani ya yi ihu.

"Ki koma can mana, an tanadar miki kujera!"

Ta ɗaga kai, ta gyara jan gyalenta, ta zauna a kujerar da take zama kowace shekara, kusa da mahaifinta. Bai dube ta ba har aka tashi.

Marlbrook ta ci, ashirin da huɗu da ashirin.

Aka turo uwar maƙera tsakiyar fili a kan keken ƙarfe. 'Yan wasa suka cire kwalkwali suka yi da'ira, 'yan kallo suka sauko suka kewaye su. Orrin ya ɗaura warkinsa na fata, ya ɗauki guduma. Odessa ta durƙusa ta riƙe masa ƙarfen lambobi ɗaya bayan ɗaya, ya buga sabuwar shekara a gefen Marlbrook. Masu shuɗin riguna na Marlbrook suka ɓarke da sowa.

A jikin ƙarfe yanzu hamsin da takwas ne kowa.

Orrin ya juya zai ajiye guduma.

"Baba, ba mu gama ba."

Ta zaro kurfi daga aljihun rigar sanyinta, ta zagaya gefen Tolliver, ta kafa bakinsa a kan 1934.

Kowa ya san lissafin. In aka soke shekarar nan, Marlbrook ta wuce gaba.

"Tashi daga nan," ya ce ta cikin haƙora.

"Ba zan tashi ba."

"Odessa, a gaban mutane?"

"A gaban mutane aka buga ta, Baba."

"Kada ka kuskura, Orrin!" shugaban kwamiti ya daka tsawa. "Kakanka ne fa!"

"Kakana ne, ba naka ba," Orrin ya ce, bai ko waiwaya ba.

Ya dubi 'yarsa. Hawaye na zuba a kumatunta, hannunta na karkarwa har kurfin na ƙara a jikin ƙarfe, amma ba ta saki ba.

"Kaka Amos cewa ya yi wanda ya fi shi zuciya," ta faɗa a hankali, yadda shi kaɗai zai ji. "Ni ba zan iya ɗaga gudumar ba. Kai za ka iya."

Ya gyara riƙon gudumar. Sannan ya ja numfashi.

"Cire hannunki."

"Baba, don Allah..."

"Na ce ki cire! Rawa yake yi, so kike in farfasa miki yatsu?" Ya ɗaga kai ya lalubi cikin masu shuɗin riguna. "Kai! Ɗan tsallake!"

Emmett ya matso, hularsa a hannu.

"Ranka ya daɗe?"

"Ka taɓa riƙe kurfi?"

"Ban taɓa ba."

"Na ga alama. Zo nan."

Aka fara gunaguni. Wata tsohuwa ta ce da ƙarfi, "Ai sai jinin gidan ke riƙewa!"

"Na fi ki sanin dokar gidanmu, Hattie," in ji Orrin.

Emmett ya durƙusa kusa da Odessa. Kafin ya karɓi kurfin, ya zura mata zoben a yatsa, ita kuwa ta dunƙule hannun ta danne shi a ƙirji. Orrin ya ga komai, ya yi tsaki.

"Ba haka ake riƙewa ba. Wa ya koya muku aiki a can?"

Ya sunkuya, ya kama hannun Emmett da nasa hannun mai kanta, ya gyara masa yatsu ɗaya bayan ɗaya, ya matse su a jikin kurfin.

"Kada ka motsa. In na same ka, kai ka jawo."

"Ba zan motsa ba, Baba."

Orrin ya ɗaga guduma sama, ya sauke ta a kan 1934.