Baƙin Haƙoran Fumiyo

"Buɗe bakinki in gani," in ji tsohuwar.

Fumiyo ta ƙara damƙe leɓɓanta. Tun da suka durƙusa a kan tabarmar gidan nan na garin Uji da kai kawai take gaisuwa, ko shayin da aka zuba mata ba ta kurɓa ba. Tokuji na gefenta yana zufa. Ƙato ɗan shekara hamsin, mai ɗaukar hoton fim, amma a gaban uwarsa ko tari ba ya iyawa.

"Mama, kunya take ji..."

"Ba da kai nake ba."

Shekara ashirin Fumiyo ta yi a harkar fim a Kyoto tana fitowa a baiwar da ake sarewa tun 'yan kallo ba su gama zama ba. Sai bana, tana da arba'in da uku, wani darakta mai tabarau da ƙyamar wanka ya ba ta matsayin babbar jaruma, matar mayaƙi ta shekara ɗari huɗu da suka wuce. Fim ne na gwaji, ba kiɗa, ba magana. Sharaɗinsa ɗaya, komai ya zama na gaske. Ta aske gira. Kullum da safe ta shafa wa haƙoranta ruwan tsatsar ƙarfe su yi baƙi ƙirin, irin na matan auren dā. Wata biyar bakinta na warin tsohuwar ƙusa.

Sai shekaranjiya Tokuji ya gaya mata, murya ƙasa-ƙasa, cewa tun farko ƙeyarta da dugaduganta kawai ake ɗauka, wai darakta ya ce fuska ƙarya take yi. Ta jefe shi da takalmin katako. Bai kauce ba. Ya tsince shi, ya miƙo mata, ya ce ta aure shi.

Mitsue kuwa, wata 'yar fim da ta nemi matsayin jarumar ta rasa, ta nemi Tokuji ta rasa, ta riga su zuwa Uji da kwalin alewar wake. Ta sanar da tsohuwa cewa ɗanta matar wani yake bi, in tana musu ta duba haƙoran. Munafuka ta san abin da take yi. Tsohuwar shekararta tamanin da ɗaya, kuma a ƙauyen da ta tashi mace ba ta baƙanta haƙori sai tana da miji.

Fumiyo ta buɗe baki.

Tsohuwa ta ajiye kofinta a hankali.

"Ina mijin?"

Tokuji ya hau bayani, fim ne, wasa ne, sharaɗi ne. Uwar ta ce ita ba ta taɓa shiga silima ba, ba ta kuma da niyya, amma ta san babu mace mai hankali da za ta zuba wannan wari a bakinta don wasa.

Nan ran Fumiyo ya ɓaci. Ta manta da duk ladabin da ta haddace a jirgin ƙasa.

"Gaskiyarki, Mama, ba ni da hankali. An aske min gira a banza, an ɓata min baki a banza, ko haƙori ɗaya ba zai fito a fim ɗin ba. Mai kifi ya daina yi min ragi. Yara suna ganina su ruga. Duk Kyoto mutum ɗaya ne nake wa murmushi bai kau da kai ba. In baƙin haƙori miji yake nufi, to ga shi nan, ke kika haife shi."



Tsohuwa ta matso da gwiwa, ta kama haɓar Fumiyo ta juya ta wajen haske. Ta daɗe tana leƙe. Sannan ta yi tsaki, ta tambayi wane sakarai ne ya haɗa ruwan. Gaba baƙi, turame ja-ja. Mahaifiyarta da dafaffen shayi take jiƙa ƙusar, haƙoranta har sheƙi suke yi.

"Gobe da safe ki dawo in gyara miki. Ba za ki shigo min gida da aikin 'yan fim a baki ba."

"Mama, ai jibi ake gama ɗauka, za ta wanke..."

"Wanke me? Ana wanke aure?"

Fumiyo ta dubi tsohuwar, lafiyayyiya garau, da alamar za ta kai ɗari. Ta juya ga Tokuji ta sakar masa murmushi har turame.

"Masoyi, sai ka saba da warin."